Kaya a Kafaɗar Hagu

Yanzu duk wanda ya mallaki waya mai kyamara ya zama mai shirya fim. Ku samarin da kuke zuwa wurina nan Lugbe kusan bakinku ɗaya: "Malam Sabo, ai fim ɗin tarihi ya fi kowanne sauƙi. Ba jarumi, ba rawa, ba waƙa. Ka zaunar da tsoho, ka danna, ya yi ta surutu." To, madalla. In haka ne, me ya sa na yi furfura a kan aikin nan, kuma har yau finafinan da na kammala ba su cika kwali guda ba? Ku gyara zama in ba ku labarin aiki ɗaya. In kun ji shi, sai ku sake shawara.

A Kaduna na koyi sana'ar, a sashen majigi na gwamnati, hannun wani dattijo Malam Garba. Na daɗe a wurinsa kafin ya bari in leƙa ta idon kyamara. Aikina ɗaukar ƙafafunta, na katako ne masu nauyin tsiya, da naɗe waya, da goge gilashi. Fim na lokacin zare ne, ba a gogewa a sake, abin da ka ɗauka ka ɗauka ke nan. In an zo haɗawa, da reza ake yankawa, a liƙa da gam. Shi ya sa muka tashi da tunani kafin mu danna, ku kuma kuka tashi da dannawa tukuna, tunanin ya biyo baya in ya samu mota.

Akwai wani abu da ya faru a gabana wanda ya zame mini karatu. An yi fim na jan hankalin mutane su kai yara rigakafi, sai wanda ya haɗa shi ya rasa hoton kasuwar garin da ake magana a kai, ya ɗauko na wata kasuwa ya liƙa, ya rubuta sunan garin a ƙasa. A ganinsa kasuwa ai kasuwa ce. Muka kai majigin ƙauye, ana cikin kallo wani mahauci ya miƙe ya ce, "Ƙarya ne, wannan rumfar kawuna ce, kuma ba a garin nan take ba." Wuri ya kaure da dariya. Daga nan babu wanda ya sake sauraren maganar rigakafi, tunda an kama mu da ƙarya ɗaya, sauran ma duk sun zama ƙarya. A hanyar komawa Malam Garba ya ce mini, "Sabo, hoto ba ya ƙarya. Rubutun da ke ƙarƙashinsa shi ne ɗan banza. Abin da ba ka tabbatar ba, bar wurin fili."

Da ma'aikatu suka taso Abuja na biyo su. Da soja suka koma bariki, farar hula suka karɓa, sai gari ya buɗe. Ko'ina gini, ko'ina kwangila, kowane mai muƙami yana son fim ɗin ayyukansa: ga rijiya, ga mai girma yana yanka ƙyalle, ga mata suna guɗa. Masu kyamara kakarsu ta yanke saƙa. Na ajiye aikin gwamnati na buɗe nawa, kuma ba zan ɓoye muku ba, ni ma na ɗauki bukukuwa da yankan ƙyalle, da su na sayi kayan aiki. Amma abin da ke raina daban ne. Ina kallon tsofaffin da suka ga zamanin Turawa suna tafiya ɗaya bayan ɗaya: waɗanda suka shimfiɗa dogo, waɗanda suka haƙa kuza, waɗanda suka ɗora buhunan dalar gyaɗa. Duk ranar da na samu sarari sai in cika mota in bi su.

Ni da Bulus muke tafiya, mutumin Filato, shi ne mai ɗaukar sauti. Kunnensa ya fi na kowa da na sani. Ana tsakiyar hira sai ya ɗaga hannu ya ce, "Oga, tsaya, akwai injin niƙa." Ni ban ji komai ba, sai can ka ji shi daga wata unguwa. Kyamarar kuwa ta kai girman ɗan akuya, a kafaɗa ake saɓa ta, batirinta ba ya kai ko'ina. Wani mai gyaran wayar mota a Apo ne ya haɗa mini hanyar da za ta riƙa shan wuta daga batirin mota, shi ya sa a duk finafinaina na lokacin, in da za ka juya kyamarar baya, za ka ga motata a tsaye da hancinta a buɗe.

Sannan shekarar wahala ta zo. Damina ta yi ƙarfi, na tafi wani aiki na kwanaki, ruwa ya bi ta ƙarƙashin ƙofa ya kwanta a ɗakin da nake ajiya. Bai ma kai kan kantar da nake jera kaset ba, danshi kawai ya isa. Da na buɗe kwalayen kaset, fumfuna ta yi musu fari fat. Na goge, na shanya, na kai wa masu gyara, kaɗan ne suka tashi. Kyamara in ta lalace ana sayen wata. Amma yawancin tsofaffin da ke cikin kaset ɗin nan sun riga sun rasu, ba inda zan je in ce a maimaita mini. Raina ya ɓaci ƙwarai, na yi makonni ban taɓa kayan aiki ba. Da na tashi kuwa, na tashi da niyyar cewa tsoho na gaba da zan ɗauka, maganarsa za ta fita ta kai ga mutane yana raye.

Ana haka wata ma'aikata ta nemi a yi mata fim a kan mutanenmu da aka kwasa zuwa yaƙin Boma, lokacin Yaƙin Duniya na Biyu. Hajiya Rabi ce darakta mai kula da aikin, mace mai ilimi da son a yi abu da kyau, sai dai agogo a hannunta yake kullum. Na zaga na samu tsofaffin soja, wasu da lambobinsu a ƙirji, kowa da labarin harbi. Sai wani malamin makaranta ya ce mini akwai wani tsoho a Paikon Kore, can wajen Gwagwalada, wai shi ma ya je. Ya faɗa yana murmushi, ya ƙara da cewa, "Amma fa mutanen garin sun ce iyakarsa Ikko."

Baba Shekwolo sunansa, mutumin Gbagyi, waɗanda muka saba kira Gwarawa. Na same shi a gindin mangwaro yana gyaran ƙotar fartanya. Yara da manya Baba Boma suke ce masa, kuma ba don girmamawa ba. Ba shi da lamba, ba shi da kaki, ba shi da labarin harbi ko ɗaya. Abin da ake faɗa a garin shi ne, su biyu aka ɗauka, shi da abokinsa Dogara, suka gudu a Ikko suka shiga dako a bakin ruwa. Shi ya dawo da ƙaryar yaƙi, Dogara kuwa ya yi aure a can ya manta da matar da ya bari da ciki. Wani falke ne wai ya taɓa cewa ya ga mai kama da shi, shi ke nan magana ta zauna. Tsararrakinsa da suka yarda da shi duk sun mutu, saura jikoki masu dariya.

Da muka gaisa ya dubi kyamara, ya dube ni, ya ce da irin Hausarsa, "Kai ma ka zo ka yi dariya ne? In dariya ne, akwai shi da yawa a nan, ba sai ka kawo na Abuja ba."

Na ce, "Baba, ji na zo yi."

Ga abin da ba ku sani ba game da zaunar da tsoho. In ka tambaye shi shekara, ka kashe hira, domin zai ji kamar yana gaban alƙali. Tambaye shi abin da ya ci a jirgin ruwa. Tambaye shi takalmin da aka ba shi ya matse shi ko bai matse ba. Ranar farko ban ma kunna kyamara ba, doya muka ci da manja. Sai a zuwa na gaba ya saki jiki. Ya ba ni labarin ruwan da ba ya ɗaukewa, da matsattsaku masu shiga takalmi, da jirgin sama mai jefo buhunan abinci. Ya ce su ba a ba su bindiga ba, 'yan dako ne, adda aka ba su da akwatin harsashi, su bi soja cikin dajin da ko alfadari ba ya ratsawa.

"Bature ya ce sa a kai," in ji shi. "Na ce a'a. Mu ba mu sa kaya a kai. Kai shi ne sarki na jiki, shi yana gani, shi yana tunani, kuma ka sa mishi kaya? Saje ya buge ni, ya buge Dogara. Gobe mun sa a kafaɗa. Ya buge mu kuma. Jibi mun sa a kafaɗa. Ya gaji, ya ce ku mutu da shi."

Ya ja wuyan rigarsa ya nuna mini kanta a kafaɗarsa ta dama, baƙa, mai kauri kamar tafin ƙafa. Wani saurayi da ke tsaye ya ce ai dakon Ikko ma yana yin wannan. Baba bai ko waiwaye shi ba. Ya ce zazzaɓi ne ya kashe Dogara a bakin wani kogi, kuma da hannunsa ya rufe shi. Na ce, "A ina ne, Baba? Yaya wurin yake?" Sai ya girgiza kai. "Wannan tambaya akwai mai shi. Ba kai ba. Mai shi bai tambaya ba tukuna."

Mai tambayar ita ce Ladi, 'yar da aka haifa daga cikin nan da Dogara ya bari. Lokacin ita ma ta manyanta, da jikokinta, tana sayar da dafaffiyar gyaɗa a bakin hanya. Na je na roƙe ta ta yi magana a fim. Ta saurare ni har na gama, sannan ta ce, "Ni ba ni da baba. Wanda ya bar mace da ciki ya je Ikko ya yi aure, shi ba baba ba ne. Wancan tsoho kuma yana rufa mishi asiri ne." Ta saɓa tirenta a kafaɗa ta tafi, tana ɗan wurga ƙafar hagu gefe kamar mai ture tsakuwa. Na ji an ce rabon da ta gaida Baba da kyau tun mahaifiyarta na da rai.

A hanyar dawowa Bulus ya ce, "Oga, wannan baba gaskiya yake faɗi. Mai ƙarya yana ba kansa bindiga." Ni ma haka na gani. Amma ganina da na Bulus ba hujja ba ne, kuma in na sa shi a fim haka kawai, a garinsu za a ce ya samu 'yan birni ya yi musu wayo. Tsohon nan abu ɗaya yake nema kafin ya kwanta dama, a yarda da shi a garinsu. Na ƙudurta sai na nemo abin da zai tsaya masa.

Wani abokina da ya je kwas Ingila ya taɓa kawo mini kwafin hotunan da masu kyamarar soja suka ɗauka a yaƙin, daga wani ɗakin adana kayan tarihi. Kaset ne cike da jaka, ba sauti, ba bayani, lambobi suna gudu a ƙasan hoton. Dabarar da ta zo mini ita ce, in dai Baba gaskiya ya faɗa, a cikin dubban masu kaya a ka, wataƙila kyamara ta taɓa faɗawa kan mai kaya a kafaɗa. Allura ce cikin ruwa, mai rabo ka ɗauka. Na zauna gaban na'ura ina juya hoto a hankali, ina bin layin 'yan dako mutum-mutum. Kai, kai, kai, kowa a ka. A ɗauke wuta, in tada janareto, in koma. Idona ya riƙa ruwa har na sayi tabarau. Aka kira ni ɗaukar bikin 'yar wani babba na ce ina da uzuri, Bulus ya kalle ni kamar na zautu. Ga wayar salula ta shigo, mutum ba shi da wurin ɓuya, kullum Hajiya Rabi na kan layi tana tuna mini ranar ƙaddamarwa.

Wata ranar Laraba da hantsi na same shi. Layin mutane ne suna fitowa daga kogi suna hawa gangare, an ɗauke su ta baya. A tsakiyarsu ga wani siriri, kansa a sake, akwati a kafaɗa, ya tallafe shi da hannu ɗaya. Bai fi tsawon sallama da amsawa ba ya fice daga hoton. Na mayar, na sake mayarwa. Na kira Bulus ya gani, ya cire hula ya ce, "Yesu." Farin cikin da na yi ranar ban yi irinsa ba tun da na fara aiki.

Na kai wa Hajiya a ofis. Abin nema ya samu, matar falke ta haifi jaki. Ta buga tebur ta ce, "Malam Sabo, this is it. Ka rubuta sunan Baba a ƙasa, mu rufe fim da shi."

Na ce, "Ranki ya daɗe, ban ga fuska ba."

"Haba Malam. Gwarawa nawa ne suka je? Shi ne mana. Kuma ai taimakonsa za ka yi, ba kai ka ce ana yi masa dariya ba?"

Maganarta da ƙamshin gaskiya, shi ya sa ta yi mini nauyi. Ni kaina so nake ya zama shi ne. Amma na tuna mahaucin nan da rumfar kawunsa. Na ce mata in na rubuta, aka samu mutum ɗaya a Paikon Kore ya ce ba shi ba ne, to na binne tsohon nan da ransa, ba mai sake yarda da ko gaisuwarsa. Ta ce lokaci ya ƙure, in ba zan iya ba akwai kamfanonin da ke layi. Na ce ta ba ni zuwa ƙarshen mako in kai hoton garin, in ya so ta karɓe aikin bayan nan. Ta dube ni ta saman tabarau ta ce, "Kai dai akwai taurin kai. Monday, please."

Bulus ya ce mu nuna wa Baba shi kaɗai tukuna. Na ƙi. In ya gani a ɓoye, za a ce mun haɗa baki. Gara ya gani lokacin da kowa ke gani, abin da zai fito ya fito a gaban jama'a. Na san caca nake yi da mutuncinsa da aikina gaba ɗaya, amma ban ga wata hanya mai tsabta ba.

Ranar Asabar muka ari aji ɗaya a makarantar firamare, muka toshe tagogi da tabarmi da buhunan taki don a samu duhu. Janareto muka kai can bayan fili da doguwar waya saboda kunnen Bulus. Na kafa kyamara a gaba, ba allo take kallo ba, mutane take kallo. Aji ya cika har taga, zafi kamar gidan burodi. A kan babur aka kawo Baba, don lokacin ƙafa ta fara gazawa, aka zaunar da shi a bencin gaba. Ladi ta tsaya a bakin ƙofa da tirenta, ta ce ita gyaɗa ta kawo sayarwa.

Na fara sa hirarsa. Da ya zo wurin saje, samarin baya suka yi ta ƙyaƙyatawa, wani ya ce saje na Ikko. Sannan tsohon hoto ya shigo, ba sauti, sai ƙarar fankar na'ura. Layi bayan layi, kowa da kaya a ka. Can sai ga mai kafaɗa. Wata tsohuwa ce ta fara magana, malamin makarantar da ke gefena ya raɗa mini cewa ta ce, "Wannan namu ne." Dariya ta tsaya. Saurayin nan mai maganar Ikko ya miƙe ya ce, "Baba ne. Wallahi Baba ne."

Kowa ya juya ga tsohon. Kalma ɗaya ta rage masa. In ya ce e, shi ke nan, abin da ya yi shekaru yana nema ya samu, kuma babu mai iya ƙaryata shi, har da ni. Ya ce a mayar. Na mayar. Ya sa aka ɗaga shi ya matsa har hancinsa ya kusa taɓa allo. Na sake mayarwa, a hankali wannan karon.

"Ba ni ba ne," ya ce.

Na ji wani a baya ya yi tsaki.

Ya dafa kafaɗarsa ta dama. "Ni nan nake ɗauka. Wannan hagu ne. Dogara bahago ne." Ya nuna ƙasan allo da sandarsa. "Ku bar kaya. Ku duba ƙafa."

Na sake juya hoton sannu-sannu. Mutumin yana hawa gangare, duk takun da zai yi sai ya ɗan wurga ƙafar hagu gefe. Ni na kalli hoton nan har ya kusa huda mini ido, kaya nake kallo, ban taɓa duba ƙafa ba. Su kuwa mutanen garin ba su buƙaci bayani ba. Ɗaya bayan ɗaya kawuna suka juya zuwa bakin ƙofa.

Ladi ta riga ta sauke tire. Aka dare mata hanya, ta taho daga ƙofa zuwa gaban aji, ga mutumin allo yana tafiya, ga ta tana tafiya, ƙafa iri ɗaya. Ta tsaya gaban allon ta ce mini, "A sake." Na sake. Ta ce, "A sake." Ban san iyakar mayarwar da na yi ba. Ba ta taɓa ganin mahaifinta ba, ranar ma bayansa kawai ta samu, yana hawa tudu a wata ƙasa da akwatin wasu a kafaɗa. Na ji tausayinta har na kasa duban fuskarta, na bar wa kyamara.

Daga nan ta juya ta durƙusa gaban Baba, gwiwa biyu a ƙasa, ta yi magana da yarensu. Malamin ya raɗa mini, "Tana tambaya a ina ya binne babanta." Baba ya matsa mata wuri a benci. Ya daɗe yana magana, yana zana kogi da sanda a kan siminti, yana nuna inda itace yake, inda rana ke fitowa. Bulus ya miƙa makirfo a hankali, hawaye na bin fuskarsa, hannunsa bai motsa ba. Da aka tashi, samarin da suka zo dariya su suka yi rige-rigen ɗaukar tsohon zuwa kan babur.

Ranar Litinin na sa wa Hajiya Rabi abin da kyamara ta ɗauka a ajin. Ta kalla har ƙarshe ba ta amsa waya ba, abin da ban taɓa gani ba. Ta cire tabarau ta goge, ta ce in ƙara mako biyu in ina so, za ta san abin da za ta faɗa a sama. Sannan ta ce, "To yanzu wane suna za ka rubuta?" Na ce sai na tambayi masu shi.

Baba ya ga fim ɗin da idonsa kafin damina ta gaba ta tafi da shi. Har ya rasu ana ce masa Baba Boma, sunan bai canza ba, bakin da ake faɗarsa da shi ne ya canza. Wannan karon kaset uku na yi, na raba su gida uku, kowanne a saman kanta.

Maganar suna kuwa, na koma Paikon Kore na samu Ladi a bakin hanya wurin gyaɗarta. Na ce mata za a yi rubutu a ƙarƙashin hoton, kuma ba na rubuta abin da ban tabbatar ba. Shaidar gari guda ta ishe ni, amma ita ke da hakki. In sa Dogara kawai, ko akwai sunan mahaifinsa da za a haɗa? Ta gyara ƙullin gyaɗa a tire. Ta auna gwangwani ɗaya ta zuba mini a aljihu, ta hana ni sa hannu in biya.

"Ka rubuta Baban Ladi," ta ce.

Haka na rubuta.